Malamin Dajin da Ya Kayar da Surukinsa a Kotu

Ranar Talata da hantsi ina tsaye a barandar kotu, baƙar riga a kafaɗata, ina jiran a kira shari'ata, sai wayata ta yi ƙara. Maimuna ce, maiɗakina. Ta san ba na ɗaukar waya a irin wannan lokaci, don haka tun kafin in kai wayar kunne na san ba lafiya ba. Ko sallama ba ta yi ba. Cewa ta yi, "Baba ya cika," ina jin koke-koken mata a bayanta. Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Na miƙa wa abokin aikina fayil na ce ya nemo mini wata rana, na kama hanyar cikin gari. Kafin in isa Mandawari, unguwarsu, lungun ya cika, har an fara shimfiɗa tabarmi a bakin titi. Bayan azahar muka sallace shi, muka kai shi makwancinsa.

Fiye da shekara ashirin ina auren 'yarsa, ban taɓa furta sunansa da bakina ba. Yau ma da ƙyar alƙalami ya yarda, kuma sau ɗaya zan rubuta: Malam Haladu, wanda duk Mandawari ta sani da Malamin Daji. Daga nan Baba zan ci gaba da kiransa, kamar yadda na saba. Masu ilimi sun yi magana a kan ibadarsa, 'ya'yansa sun yi magana a kan tarbiyyarsa, kuma duk gaskiya suka faɗa. Ni abin da ya rage mini in ba da shi ne labarin ranar da ya kayar da ni a gaban alƙali, jama'a na kallo. A lokacin na ji zafin abin har cikin ƙashina. Yau babu wata rana a rayuwar aikina da nake alfahari da ita kamar wannan.

Baba ya shiga aikin gandun daji tun zamanin En'e, yana saurayi mai jan sarƙar awo a bayan masu safiyo, ya bar shi yana babban malamin daji, kansa ya yi fari fat. Ɗan birni ne gaba da baya, amma rabin rayuwarsa a daji ya yi ta, kuma ko bayan ya yi ritaya dajin bai sake shi ba. Akwai wata 'yar filaya da ba ta rabuwa da aljihun rigarsa. Idan yana tafiya masallaci ko kasuwar Ƙofar Wambai ya ga an kafa wa bishiya ƙusa don rataya allon talla, sai ya tsaya ya zare ƙusar, ya jingine allon a jikin bango, ya wuce abinsa. Masu shaguna sun yi ƙorafi har sun gaji sun koma kafa allunansu a katanga. Mai itacen da ke kawo wa gidansa kaya kuwa dole ya tsaya a ƙofa Baba ya shinshina bakin saran. In ɗanye aka saro aka shanya, ya sani, kuma kayan ba za su shiga gidan ba ko da za a kwana ba a ɗora tukunya ba.

Kada wanda bai san shi ba ya ɗauka mutum ne mai sanyin hali. A zamanin aikinsa ya ƙwace gatarin 'ya'yan manya, ya tayar da gonar amininsa da ya ci iyakar gandu, suka yi shekara biyu ba sa gaisawa. 'Yan unguwa suna tsokanarsa cewa ya fi son itace a kan mutane. Shi kuwa ko a jikinsa. Yakan ce, "Itace ba shi da bakin kai ƙara, shi ya sa aka ɗauke ni aiki." Idan kuma aka shimfiɗa masa taswira ana cika baki da ita, tambayarsa ɗaya ce: "Mai wannan zanen, rana ta dake shi a wurin?"

Tsakanina da shi kuwa sai kunya irin ta surukai, ta cikin badala, ta mutanen tsohon birni, wadda yaran yanzu suke yi wa dariya. Tun daga bakin zaure nake tuɓe takalmi. In tsuguna a gefen tabarma, idona a ƙasa, mu gaisa, ya tambayi aiki da yara, in ce lafiya lau, ya sa mini albarka, in tashi. Ban taɓa cin abinci a gabansa ba, ko ruwa ban taɓa sha ba. Shi ma bai taɓa kirana da sunana tsirara ba, kullum Malam Nasiru ne. Na fi sanin zanen tabarmarsa a kan kamannin fuskarsa. A haka muka yi shekaru cikin mutunci, har shari'ar Zangon Barmo ta zo.

Zangon Barmo ƙauye ne can kudu da birni, a gefen wani gandun daji na gwamnati. A ƙarshen mulkin soja aka kai wa mutanen garin takarda cewa su tashi, wai gidajensu da gonakinsu da makabartarsu duk a cikin gandu suke. A wancan zamani ba a ja da irin wannan takarda. An zo da mota an shafa jan fenti a katangu, wasu har sun fara kwance jinka suna neman inda za su raɓa. Sai Allah ya kawo sauyi, sojoji suka koma bariki, farar hula suka karɓi mulki, talaka ya fara jin cewa shi ma yana iya taka matakalar kotu. Mai unguwar garin, Malam Barau, ya tara jama'arsa suka ɗauki lauya, suka kai gwamnati ƙara a babbar kotu don a hana tayar da su. Ni kuma a lokacin lauyan gwamnati ne, matashi mai ji da kansa, ina neman babbar shari'ar da za ta fito da sunana. Aka miƙo mini wannan fayil na karɓa da hannu biyu.

Matsala ɗaya ce a cikinsa. Tsohuwar taswirar gandun ta zamanin En'e an neme ta an rasa, wasu suka ce gara ta cinye ta. Wadda ke hannunmu sabuwa ce, an zana ta a ofis lokacin soja. Muna bukatar mutumin da zai tsaya ya ce sabuwar da tsohuwar abu ɗaya ne. Shugabana a wurin aiki ya kira ni yana murmushi ya ce, "Kai dai ka ci sa'a. Mutum ɗaya ya rage a raye cikin waɗanda suka ja iyakar dajin nan, kuma surukinka ne. Mutumin da ba ya bari a kafa wa bishiya ƙusa, shi zai bar gari guda a cikin gandu? Je ka shirya shi, an gama."

Abu na farko da ake koya wa lauya shi ne kada ya tsayar da shaida a gaban alƙali sai ya san abin da zai faɗa, kalma da kalma. Na san wannan kamar yadda na san sunana. Na shirya shaidu da yawa kafin nan, na titsiye su a ofis har sun yi gumi. Amma wannan shaidar uban matata ne.

Sau uku na je zaurensa da niyyar shirya shi. A na farko na tsuguna, muka gaisa, na ce, "Baba, dama batun shari'ar dajin nan ne."

Ya ce, "Na ji. An kawo mini sammaci."

Na jira ya ƙara wani abu, bai ƙara ba. Na ce, "To, Allah ya ƙara girma," na tashi.

A na biyu na tafi da taswirar, na tura ta gefen tabarmarsa ba tare da na ɗaga kai ba. Ya sa tabarau, ya daɗe yana dubawa, ina jin motsin yatsansa a kan takardar. Can ya naɗe ta a hankali ya miƙo mini ya ce, "Takardar tana da kyau." Na fito ina gaya wa kaina ai ya amince ke nan.

Ana gobe za a shiga kotu Maimuna ta ce mini, "Wai ka tambaye shi kuwa, kai tsaye?"

Na ce, "Haba ke kuwa! So kike in zaunar da Baba in yi ta yi masa tambayoyi kamar wanda aka kama da akuyar mutane?"

Ta ce, "Ni dai ubana na sani."

Duk da haka na koma bayan la'asar. Da muka gama gaisuwa na ci gaba da tsugunawa ina kallon tabarma. Sai ya ce, "Malam Nasiru, akwai abin da kake so ka tambaye ni?" Wallahi tambayar tana kan harshena, amma nauyi ya danne ta. Na ce, "Babu, Baba, dama gaisuwa ce." Ya numfasa ya ce, "To. Abin da na sani shi zan faɗa." Na fito ina murna, wawan banza, ina ganin na gama da mutanen Zangon Barmo.

Washegari kotu ta cika maƙil. Mutanen ƙauyen sun zo a babbar mota, maza a kan bencina, mata da goyo a tsaye a bakin tagogi. Baba ya shigo da farar riga da sandarsa, ya yi alwala ya rantse da Alƙur'ani. Turancinsa ya fi na wasu lauyoyin da ke wurin, amma ya roƙi mai shari'a ya bar shi ya yi magana da Hausa, tafinta ya juya. Da aka tambaye shi dalili ya ce, "Maganar gidajen mutanen nan ake yi, ya kamata su ji ta da kunnensu." Tun daga nan ya kamata jikina ya ba ni, amma bai ba ni ba.

Na tashi na gyara riga, na bi da shi tarihin aikinsa, komai na tafiya sumul. Sannan na sa aka miƙa masa taswirar. Na ce, "Shaida, ka dubi wannan takarda. Ita ce iyakar da kuka ja?"

Ya ce, "Ba ita ba ce."

Har tafinta ya manta da aikinsa sai da mai shari'a ya dube shi. Na rasa abin yi, na sake maimaita tambayar. Baba ya ɗaga murya kaɗan ya ce, "Ya mai shari'a, iyakar da muka ja a bakin rafi ta tsaya, ta yamma. Zangon Barmo yana gabas da rafin. A garin muka sauka wata biyu muna wannan aiki, iyayen mutanen nan ne suka ba mu masauki, matansu suke dama mana fura. Wannan zanen ya tsallake rafi ya haɗiye gari. Ban san wanda ya yi shi ba, amma bai je wurin ba."

Na zauna ba tare da na ce na gama ba. Lauyan mutanen ƙauyen ya tashi kamar wanda aka yi wa kyauta. Ya ɗauko hotunan da ni da kaina na gabatar, na manyan bishiyoyi a kewayen garin, waɗanda na ce su ne hujjar cewa wurin daji ne, ya nemi Baba ya duba. Baba ya bi su ɗaya bayan ɗaya yana faɗin sunayensu: ɗorawa, gawo, kaɗanya, tsamiya. Ya ce, "Waɗannan itatuwan gona ne. A daji na gaskiya marke da taura da sabara za ka gani a cunkushe, kowane yana miƙewa sama yana neman rana. Ɗorawar da ta buɗe rassa haka, garma ta daɗe tana wucewa a ƙarƙashinta. Kuma kowace ɗaya tana da mai ita. Ku tambayi matan da ke bakin taga, za su gaya muku ta wace ce, kuma a wurin wa ta gaje ta." Daga taga wata tsohuwa ta ce da ƙarfi, "Ta farkon tawa ce!" Sai da ɗan sandan kotu ya tsawatar kafin dariya ta lafa. Ni kaɗai ne ban yi dariya ba.

Baba ya shaida wa kotu cewa sun kafa turakun siminti a kan iyakar, waɗanda ma'aikatan daji ke kira duwatsun iyaka, kowane da lambarsa. Mu kuma a takardunmu mun ce babu ko ɗaya. Mai shari'a ya ce kotu za ta je ta gani da idonta. Ranar da aka sa muka tafi da motoci, rana tana dukan tsakar ka. Mutanen gari suka fito da ruwa a ƙwarya, kowa ya sha har mai shari'a, ban da Baba. Gorarsa ya zo da ita daga gida. Malam Barau ya matsa masa, ya ce, "A'a, mai unguwa. Sai an yanke hukunci tukuna."

Ya shiga gaba da sandarsa, tsoho mai shekara kusan saba'in, mu da takalman ofis muna tuntuɓe a bayansa. A bakin rafi ya tsaya, ya ƙirga taku, ya nuna wuri ya ce a tona. Aka tona har gwiwa, babu komai. Shugabana ya dube ni ya kashe ido. Zan faɗi gaskiya tun da wanda nake rubutu a kansa mai gaskiya ne: daɗi na ji. A wannan minti na fi son a ce surukina ya ruɗe da a ce na faɗi shari'a. Har yau idan na tuna sai in ji kunyar kaina.

Baba bai girgiza ba. Ya tsaya yana kallon gaɓar rafin ya ce, "Ruwa ya ci gaɓa, ya matso. Laifina ne da na ƙirga daga bakinsa." Ya juya ya nufi wata tsohuwar kuka, ya jingina bayansa da ita, ya sake ƙirga taku yana fuskantar yamma, ya kafa sandarsa. Ba a yi nisa da tono ba fartanya ta daki abu mai tauri. Aka share yashi sai ga kan siminti, lambarsa na nan raɗau. Kafin la'asar ya fito da uku, duka a yammacin garin. Mai shari'a ya ce ya isa haka. Bayan 'yan makonni ya yanke hukunci cewa Zangon Barmo ba ya cikin gandu, kuma kada wanda ya sake taɓa su. Guɗar matan garin a harabar kotu har cikin ofishinmu ake jin ta.

Ban ɗauki abin da kyau ba. A wurin aiki aka laƙaba mini suna, lauyan da surukinsa ya kayar, har masinjoji suna yi mini murmushi. Na yi mako shida ban taka Mandawari ba, ni da ba na tsallake Juma'a. Ana cikin haka shugabana ya ce in rubuta ɗaukaka ƙara, kuma ya faɗa mini a kan me za ta tsaya: shaidan tsoho ne, tunaninsa ya raunana, ga shi har ya sa an tona wurin da babu komai, kuma ba mamaki mutanen gari sun saye shi tun da ya ce ya taɓa cin abincinsu. Zuciya ta ɗebe ni na zauna a gida na rubuta shafi biyu. Maimuna ta shigo da abinci, ta tsaya ta karanta a kan tebur daga farko har ƙarshe. Ba ta yi kuka ba, ba ta ɗaga murya ba. Ta ajiye kwano ta ce, "In ka gama ka kai masa ya gyara maka Turancin." Ta fita.

Abincin nan ban iya ci ba. Da safe na tafi Mandawari. Na tuɓe takalmi na tsuguna, muka gaisa kamar jiya muka rabu, bai tambaye ni inda na shiga ba. Sai na yi abin da ban taɓa yi ba, na ɗaga kai na dubi fuskarsa. Na ce, "Baba, me ya sa ba ka gaya mini ba?"

Ya gyara zama. Sannan ya ce, "Sau uku ka zo, sau uku ina jira ka tambaye ni. Malam Nasiru, kai kana jin nauyina, kana tsammani ni ba na jin naka? Ta yaya zan dubi mijin 'yata in ce masa takardar da ya ɗauko ta ƙarya ce, alhali bai tambaye ni ba? Nan na yi kuskure. Da na daure na faɗa maka a zauren nan, da ba ka ji kunya a gaban mutane ba. Ka yafe mini. Amma da na ɗora hannu a kan Alƙur'ani, babu sauran suruki."

Dattijon da ya haifi matata yana neman gafarata, ni da shafi biyu na cin mutuncinsa ke kwance a kan teburina. Hawaye suka zubo mini. Na gaya masa abin da aka ce in rubuta, har da wanda na riga na rubuta, ban rage komai ba. Bai nuna ɓacin rai ba. Cewa ya yi, "Aikinka ne, ba zan hana ka ba. Ka rubuta abin da ka gani. Amma ka gani tukuna. Duwatsu uku aka tono, su kuwa goma sha bakwai ne ta ɓangaren garin. Ranar Asabar ka zo da takalmin kirki."

Asabar uku muka yi muna bin iyakar nan da ƙafa, ni da shi da fartanya. Ƙarangiya ta cika mini wando, ƙafata ta yi bororo, shi kuwa yana gaba yana nuna mini alamu: wannan dutsen yana tsakanin kuka da fako, wancan yana inda tsohuwar hanyar shanu ta karya. Kowane muka tono sai ya sa in faɗi alamarsa da bakina, sannan mu mayar da ƙasa. A Asabar ta ƙarshe muka tarar da gonaki biyu na mutanen Zangon Barmo a ƙetaren rafi, cikin gandu sosai. Baba ya aika aka kira Malam Barau, wanda ya zo da fara'a yana zuba godiya. Baba ya nuna masa gonakin ya ce, "Mai unguwa, ranar nan na tsaya muku don kuna da gaskiya. Nan kuwa daji ke da gaskiya. In an girbe wannan, kada a sake shukawa, in ba haka ba ni da kaina zan kai ƙara." Malam Barau ya yi tsuru-tsuru ya ce an daina. Kuma an daina ɗin. Ranar ce ya karɓi ƙwaryar ruwansu ya sha.

Litinin na yaga shafukan nan biyu, na rubuta wa shugabana cewa na bi iyakar da ƙafata, hukuncin kotu daidai ne, kuma ba zan sa hannu a ɗaukaka ƙara ba. Aka mayar da ni ɗakin ajiye tsofaffin fayiloli, inda babu mai shiga sai ƙura. Ba a sami wanda ya yarda ya ɗauki shari'ar ba har wa'adin ɗaukaka ƙara ya wuce. Bayan shekara guda na bar aikin gwamnati na buɗe ɗan ofishina a Dukawuya. Ranar da na je na gaya wa Baba, bai yabe ni ba, don ba ya yabon mutum a gabansa. Ya dai leƙa cikin gida ya ce a kawo wa Malam Nasiru abinci nan zaure, ya zauna har na ci. Karo na farko ke nan da na ci abinci a gabansa.

Ranar sadakar uku muna zaune a ƙofar gida muna karɓar gaisuwa sai ga babbar mota ta tsaya a bakin titi, don lungun ba zai ɗauke ta ba. Mutanen Zangon Barmo ne, maza da mata, da samarin da ba a haife su ba lokacin shari'ar. Malam Barau ya tsufa ƙwarai, sai da aka riƙo shi. Suka yi addu'a mai tsawo, matan suka shiga ciki wurin Hajiya, matar Baba. Da za su tashi sai ya matso kusa da 'ya'yan Baba maza, ya rage murya ya ce, "Ku yi haƙuri, na san ba ranar wannan magana ba ce. Amma watan jiya an ga wasu mutane da na'urar awo a bakin rafinmu, ba su gaisa da kowa ba. Dama mun shirya zuwa wurin Malam, sai ga wannan labari. Yanzu da ya tafi, wa ya san inda duwatsun nan suke? Yashi ya sake binne su, mu kanmu uku kawai muka sani."

'Ya'yan Baba suka dubi juna. Na ce, "Ni na sani."

Malam Barau ya juyo ya ƙura mini ido. Ya gane ni sarai. Ni ne wanda ya tsaya a kotu da baƙar riga yana neman a tayar da shi daga gidan ubansa. Ya ce, "Duka?"

Na ce, "Duka goma sha bakwai. Ya sa na tono kowane da hannuna, ya sa na haddace alamarsa. In sun dawo, ku zo Dukawuya ku kira ni. In an je kotu, ni zan tsaya muku, in kuma shaida ake so, ni zan rantse."

Tsohon ya kama hannuna da nasa biyu, ya sunkuyar da kai yana kuka. Sai a lokacin na gane dalilin da ya sa Baba ya wahalar da ni Asabar uku a cikin rana. Ya san zai riga garin tafiya, kuma bai yarda ya tafi da iyakar a cikin kansa ba.

Ya Allah, bawanka ya zo gare ka. Ya ba da shaidar gaskiya a ranar da gaskiya ta taɓa na jikinsa, ka karɓi shaidarsa ta cewa babu abin bauta sai kai. Ka gafarta masa, ka yalwata kabarinsa, ka haskaka shi, ka sanya shi a inuwarka ranar da babu wata inuwa. Kura-kuransa ka shafe su, kyawawan ayyukansa ka ninka su, ka sada shi da Annabin rahama, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi. Ka ba Hajiya haƙurin rashin abokin zama, ka dafa wa Maimuna da 'yan'uwanta da jikokinsa, ka haɗa kansu a bayansa. Ka tsare wa mutanen Zangon Barmo gidajensu da kaburburan iyayensu. Ni kuma da ya bar wa wannan amana, ka ba ni ƙarfin riƙe ta har in miƙa wa wani. In tamu ta zo, ka sa mu cika da imani. Amin.